Ƙofar da Na Ara wa Kakanninmu

Shekaru masu yawa na yi ina zagayawa da 'ya'yan mutane a Balad, wato tsohon garin Jidda, kuma har yau idan na ji yaro ya ce ƙishirwa yake ji sai gwiwata ta hagu ta amsa. Ba shi ne aikina na asali ba. A iƙamata, wato takardar izinin zamana, direba aka rubuta, kuma direban nake, ina jigilar kayan shagon kafilina, wato ubangidan da ya tsaya mini, zuwa unguwar Aziziyya. Amma ran Alhamis yakan bar mini ƙaramar bas ɗin. Mutanenmu kuwa da suka gama Umra suka sauko Jidda jiran jirgi sukan rasa yadda za su yi da yara a masauki. Kwana biyu ko uku a ɗaki ɗaya, yara sun fara hawa kan juna. Sai wani ya ce ai akwai wani mutumin Damagaram a unguwar Madain Fahad mai kai mutane kallon tsofaffin gidaje. Haka abin ya same ni, ban nema ba, kuma ban iya cewa a'a ba.

Ina da wani tsohon rawani mai tsawo da na ƙulla wa ƙulli goma. Kowane yaro ya kama ƙulli ɗaya, ni a gaba, iyaye a baya. Da haka muke kutsawa cikin lungu. In nuna musu gidaje masu hawa huɗu da aka gina da dutsen teku, in nuna tagogin katako masu sassaƙa da suka leƙo kan hanya, in yi ta bayani har maƙogwarona ya bushe. Su kuwa yaran kyanwowi suke kallo. Iyaye mata hankalinsu na kan shagunan turare da yadi, iyaye maza na tambayata inda ake samun rediyo mai araha. A cikin mutum goma sha biyu, da wuya a samu ɗaya da yake sauraro, shi ma yawanci kurma-kurma ne.

Wajen ƙarfe goma sha ɗaya zafin Jidda yake fara nuna halinsa. Ba rana kawai ba ce, gumi ne mai danƙo da ke manne maka riga a baya. Daidai lokacin nan yara ke sakin ƙulli, wannan na kuka, wancan na son fitsari. To akwai wani lungu da na sani, mai inuwa da ɗan iska, da wani dogon dakali a gindin wata ƙofa. Ƙofar babba ce, ta katako mai duhu, an sassaƙa mata furanni, kullum a rufe da kwaɗo. Ban san mai gidan ba, ban taɓa ganin an buɗe ta ba. Dakalin nake so.

Matsalar ita ce mai jagora ba ya zama haka kawai. Da ka zauna sai uban yara ya dubi agogo, ya ce, "Malam, yalla, mu tafi mana." Ran nan, gajiya ta kai mini ko'ina, wani Alhaji ya tambaye ni me ya sa muka tsaya a nan. Bakina ya riga hankalina. Na ce masa ai wannan gidan nan ne kakanninmu masu zuwa Hajji a ƙafa suke sauka.

Wallahi ban zaci zai kama ba. Alhajin ya cire hula ya mayar, ya kira 'ya'yansa ya ce kowa ya taɓa ƙofar. Aka yi shiru, yaran da tun safe ba su yi shiru ba. Aka karanta Fatiha, aka ɗauki hoto. Ni kuwa na samu kusan rabin awa ina zaune, ƙafata a miƙe.

Mako na gaba na sake faɗa. Daga baya na ƙara masa gishiri kaɗan: wai mai gidan wani attajiri ne mai tausayi, wai a soron nan ake ba baƙi ruwan sanyi. Na san ƙarya ce, kuma na san ba kyau. Amma nakan ce wa kaina wa na cuta? Yara sun ji labarin kakanninsu, iyaye sun samu hoto, ni na huta. Hotunan suka tafi gida, aka rataye su a ɗakuna daga Maraɗi har Abeche. Shekara ba ta zagayo sau uku ba sai ga mutane suna sauka daga bas suna cewa, "A fara kai mu ƙofar kakanni."

Ana cikin haka wani ɗan kasuwa daga Maraɗi ya zo da matarsa da 'ya'ya huɗu da mahaifiyarsa. Tsohuwa ce 'yar firit, ta haura saba'in, tana dogara sanda. Tun a mota ya gaya mini dalilin zuwansu. A Jidda aka haife ta. Iyayenta sun taso a ƙafa, suka yi shekaru a hanya, suka zauna nan uban yana sayar da ruwa, sannan suka juya da ita tana 'yar shekara bakwai. Tun da ta ga hoton ƙofar a ɗakin wata maƙwabciyarta ta hana kowa sakat. Ta ce ba ta son komai a duniya yanzu sai ta tsaya da jikokinta a inda aka binne cibiyarta, su gani da idonsu kafin ta mutu.

Na riƙe sitiyari na ci gaba da tuƙi. Da ina da hankali da a nan na faɗi gaskiya. Amma na ce a raina yarinya 'yar shekara bakwai me za ta tuna? Za ta ga ƙofa, ta yi kukanta, a koma.

Muka shiga Balad, yara huɗu a rawani. Ɗan yana rataye da kyamara irin mai fim, tun daga bakin kasuwa yake ƙyasta ta. Tsohuwar ba ta kalli turare ba, ba ta kalli tagogi ba. Kowane lungu sai ta ce, "Ɗana, mun kusa?" In ce, "Saura kaɗan, Inna."

Da muka iso na yi abin da na saba. Muryata ma ta san hanya, ba sai na bi ta ba. Yara suka taɓa ƙofa. Ɗan ya jera su, ya ɗauka ta nan, ya ɗauka ta can, ya tsayar da uwarsa a tsakiya ya ɗauka, ya ba ni kyamarar na ɗauke su gaba ɗaya. Tsohuwar ta bari aka yi ta juya ta yadda ake so. Da aka gama ta zo ta zauna kusa da ni a dakalin, ta shafa sassaƙar ƙofar da tafin hannu.

"Kyakkyawa ta," in ji ta. "Amma ɗana, wa ya ce maka mu muna da ƙohwa?"

Ba ta jira amsata ba, ta ci gaba.

"Buhu ne. Buhun shinkahwa babanmu ya rataya a bakin bukka. Bukkar kuwa da gwangwanin kananzir da kara aka yi ta. Kuma ba cikin gari muke ba. Akwai ganuwa, mu muna bayanta. In rana ta hwaɗi a ruhe ƙohwar gari, babanmu ya hito da garwarshi a kahwaɗa, ni ina jiran shi a waje. Wanga gida, in ya shige shi, to ruwa ya kawo."

Ba da faɗa ta yi maganar ba, kuma a hankali ta yi ta yadda ɗanta ba zai ji ba. Da ta zage ni da ya fi mini sauƙi. Na ji kunya irin wadda ban taɓa ji ba tun da na girma. Na ce mata, "Inna, ki gafarce ni. Ni na ƙirƙira. Inuwar nake so."

Ta dubi gwiwata da na miƙe, ta dubi tata. Ta ce, "Inuwar kam da daɗi." Sannan ta dafa sandarta. "To tashi ka kai ni wajen namu."

Na san wajen da take nufi, ko in ce na san sashen. Tsofaffin da aka haifa a nan sun sha gaya mini cewa unguwar bukkokin mutanenmu tana kudu da gari, bayan ganuwar da aka rushe tun kafin in zo. Ban taɓa kai kowa can ba, don babu abin nunawa. Na gaya wa ɗan cewa Hajiya tana son mu ƙara gaba. Ya ɓata rai, ya ce yara sun gaji, kuma ai an ga abin da aka zo gani. Uwar ta dube shi sau ɗaya, ya kwashi yara ya yi mota.

Muka fita daga lungunan muka shiga titi. Rana ta take tsaka. Na yi ta zagayawa a hankali, motoci na yi mini ham a baya, ita kuma ta manna fuska a gilashi. Shagunan taya, wurin gyaran firji, gidajen siminti masu na'urar sanyi na ɗiga ruwa a bango. Sau uku muka bi titi ɗaya. Ƙaramar jikar ta yi amai a kujera, uwarta ta fara mita.

Can tsohuwar ta ce in tsaya. Ta sauka a bakin wani fili da ake ajiye manyan motoci, ƙasa duk baƙin mai. Ta juya ta fuskanci yamma, ta shaƙi iska. Ta ce teku ta wannan hannun take, garin kuma ta wancan, tazarar ma kamar haka take ga ƙafar yarinya. Ta ce ba za ta rantse ba, amma nan ne ko kusa da nan.

Ta kira jikokin. Babu inuwa ko ta sanda. Suka tsaya suna ɗaga ƙafa saboda zafin ƙasa, ita kuma tana ba su labarin buhu da garwa, da yadda take gane tafiyar babanta tun daga nesa. Ban taɓa jin bayani mai kyau irin wannan ba a duk shekarun da na yi ina surutu a Balad. Yaran ba su ji rabinsa ba. Babban cikinsu ya ce, "Kaka, mu koma wajen ƙofar nan, ta fi kyau."

Ta yi kamar ba ta ji ba, ta gyara mayafi, ta jawo su jikinta. Ta ce wa ɗanta, "Ɗauke mu nan."

Ya ɗaga kyamara ya danna, kyamarar ta ƙi ɗauka. Ya sake dannawa, ya juya ta ya duba. Fim ya ƙare. Duk ya ƙarar da shi a ƙofar.

Na ce bari in ruga in nemo wani, amma an kira azahar, shaguna sun rufe, kuma da la'asar ake son su a filin jirgi. Tsohuwar ta ɗan jima a tsaye, yaran na zamewa daga hannunta ɗaya bayan ɗaya suna komawa mota. Da ta zo shiga ta ce mini, "Halas, kamar yadda kuke cewa, shi ke nan. Ni dai na tsaya. Su kuwa hoton waccan ƙohwar za su rataya."

Daga ranar na daina kai kowa lungun nan. Na canja hanya, ina tsayawa da yara a wajen mai sayar da balila, irin dafaffen waken nan na can, in sha hutuna a tsaye ina jingine da bango. Wanda ya tambayi ƙofar kakanni sai in ce ana gyara. Na gwada kai iyali biyu filin manyan motocin. Na farko ba su sauka daga bas ba, na biyu suka tambaye ni ko na ɓata hanya ne.

Bayan kamar shekara biyu wani malamin makaranta daga Maraɗi ya zo da 'ya'yansa uku. Muna shiga Balad ya ciro hoto daga aljihu. Ga tsohuwar a tsakiya, ga jikoki, ga furannin katako a bayansu. Ya ce, "Nan za ka kai mu. Gidan da aka haifi Hajiyar unguwarmu ke nan, Allah ya jiƙanta. Jikokinta ne suka ba ni."

Na ce masa ba a nan aka haife ta ba, na fara ba shi labarin buhun. Ya yi murmushi irin wanda ake yi wa direban da ya gaji yana neman gajeruwar hanya. Ya ce in ban sani ba ba komai, an kwatanta masa lungun. Ya karɓi kan rawanin daga hannuna ya shige gaba da yaran.

Na bi su a baya ina ɗingishi. A bakin ƙofar ya jera su, ya ba su labarin attajiri mai tausayi da ruwan sanyi a soro, kalma bayan kalma yadda na tsara shi, har da sabon ƙari cewa a ɗakin sama aka haifi Hajiya. Yaran suka taɓa katakon, aka yi mata Fatiha. Dakalin na nan da inuwarsa, gwiwata na zugi, amma na kasa zama. Ya miƙo mini kyamara ya ce in ɗauke su, na ɗauka.