Shamuwar da Ba a Ƙidaya Ba

Tun da masu ƙidaya suka rubuta lamba da alli a ƙofar gidan da nake haya a zangon Kumasi, na kasa zama wuri ɗaya. Shekara goma sha huɗu ina sayar da albasa a garin nan, takardar zamana ta ƙare tun bara, gobe kuma za su dawo su tambayi ƙasar kowa. Kakata Inna Tumba nake ta tunawa.

A garinmu Fakku, can Najeriya, da an yi magariba sai mu kewaye murhunta tana gasa mana gyaɗa. Ita ma ba ta iya zama ba, tana tatsuniya tana tura itace, tana leƙen zaure. "Ga ta nan, tatsuniya ta iso," in ji ta, "ku matsa mata."

Ta shamuwa ta fi yi mana. Wai sarkin tsuntsaye ya sa a ƙidaya jama'arsa don a raba musu rassan kuka. Da rani aka yi ƙidayar, shamuwa kuwa sai damina take zuwa. Ta dawo ta tarar an ba wani reshen da take ƙyanƙyasa a kai. Ta ce ai a nan ita ma ta fito daga ƙwai, aka ce ba a gan ta ranar ƙirga ba. Nan Inna take tsayawa.

"To sai me, Inna?"

"Sai mi? Ni ma ƙarshen nika jira. Ku kwashe, gyaɗa za ta ƙone."

Haushi kamar ya kashe mu. Sai da na girma Baba ya gaya mini daga Nijar aka goyo Inna a shekarar yunwa. Cin rani iyayenta suka zo, ba su koma ba. Duk ƙidayar da aka yi, rumbu take shigewa, wai kada a mayar da ita. Matar da ta haifi tara a Fakku! Shamuwa dai ba ta nan aka ƙirga. Inna tana nan, tsoro ya hana a gan ta, har ta rasu babu takardar da ta san da ita.

Ni ma tsoron nake ji, ba zan ɓoye ba. Ɗazu matata ta ce in je wajen abokina in yi kwana biyu har masu ƙidayar su wuce. Na dubi yaranmu uku, duk a nan aka binne cibiyarsu. Na ce mata da sassafe ta fitar mini da kujera ƙofar gida, ta kuma nemo takardun haihuwarsu.