Yadda Na Samo wa Baffa Aikin Koci

Ina ɗan shekara goma sha biyar aka ba ni ɗakin zaure a gidanmu na Fagge, bayan yayana ya tafi jami'a. Duk wanda ya tashi a gida mai yara bakwai ya san darajar wannan ɗaki. Ƙofata daban, makullina a aljihuna, ba mai jiƙa mini katifa. Wata huɗu kacal na yi ina wannan sarauta, sai Abba ya ce ƙaninsa zai dawo daga Kanada, in kwashe kayana in koma ɗakin ƙannena huɗu. Wai na ɗan lokaci ne.

Baffan nan ban taɓa ganinsa ba. Kakanmu direba ne a ofishin jakadanci, shi ya tafi da shi can yana ɗan shekara shida, da kakan ya dawo shi kuma ya maƙale. Abin da muka sani kawai ɗan wasa ne, biyansa ake yi. Ni kuwa tuni na cika unguwa da labarin baffana yana buga wa Turawa ƙwallo, har na yi wa yara uku alkawarin riga. Ranar da ya iso sai na ga wani zabgegen mutum yana ƙoƙarin zare kansa daga adaidaita sahu, kafaɗu kamar buhun shinkafa biyu, hanci ya karkata gefe, haƙoran gaba huɗu babu. Ya yi mini murmushi, na hango har maƙogwaronsa.

Ashe ba ƙwallon ƙafa ba ne, hoki ne na kan ƙanƙara. Ana daskarar da fili guda, manyan mutane masu iyali su ɗaura takalma masu wuƙa a ƙasa, su ɗauki sanduna, su yi ta bin wani baƙin faifan roba da bai fi murfin gwangwanin tumatir ba. Da Umma ta ji faɗin filin sai ta riƙe haɓa. Na san tunanin da take yi, yawan zoɓo da kunun aya da ƙanƙarar nan za ta sanyaya a watan azumi, an ɓarnatar da ita a ƙarƙashin ƙafar ƙarti.

Shekara goma sha bakwai Baffa ya yi a wannan sana'a, a ƙungiya goma sha huɗu. Ya fara da ƙauyukan Kanada, ya gangara Amurka, daga nan Jamus, Foland, har wani gari a Kazakistan da shi kansa bai iya faɗin sunansa ba. Duk inda ya je, kakar wasa ɗaya ko biyu sai a sallame shi, ya sake hawa bas. Babbar gasar da ake nunawa a talabijin sau ɗaya ta kira shi gwaji, bayan sati biyu suka ba shi hula suka ce ya gaida gida. Kofi kuwa ko na shan shayi bai ciwo ba. Na tambaye shi sau nawa ya zura faifan a raga, ya ce sha ɗaya, biyu daga ciki a gindinsa faifan ya bugu ya shige.

Na ce to, Baffa, me suke biyanka ka yi?

Ya ce idan wani ƙato ya bangaje gwanin ƙungiyarsu, shi ake turawa ya cire safar hannu ya dambace da ƙaton, sannan alƙalin wasa ya zaunar da su minti biyar a wani akurki. Wato an ɗauki mutum daga Fagge zuwa bangon duniya domin ya yi abin da 'yan kamasho suke yi kyauta a tasha. Akwai ma ƙungiyar da ta yi musayarsa da injin wasa wuƙaƙen takalma. Da bakinsa ya faɗa a teburin mai shayi, yana dariya da wawulonsa, har yana ƙarawa da cewa injin mai kyau ne, ya fi shi daɗewa yana aiki. Abin da ya fi ƙona mini rai ke nan, mutumin ko kunya ba ya ji. Yaran da na yi wa alkawarin riga kuwa, da sun hango ni sai su fara jan ƙafa a ƙasa kamar masu sulɓi a kan ƙanƙara.

Umma ta ce in kwantar da hankalina, wanda bai taɓa zama wuri ɗaya ba ai ba a Fagge zai fara ba. Amma wata uku ya wuce, na huɗu ya shiga, ina tashi kullum da ƙafar wani a bakina. Abba ya gwada shi a shagonsa na atamfa a Kwari. Kwana biyu ya yi. A lungun kasuwa idan aka matse shi sai ya sa kafaɗa, haka ya saba, har ya manna wani dillali da bango. Abba ya ba da haƙuri, ya ce wa Baffa ya zauna a gida ya huta. A ɗakina.

Nan na ga idan ban tashi tsaye ba, a ɗakin yara zan yi furfura.

Ina da aboki a Sabon Gari, iyayensa Kiristoci ne 'yan Zariya, a wajen darasin yamma muka haɗu. Mahaifiyarsa ce shugabar wata makarantar kuɗi a bayan kasuwa, kowa Madam yake ce mata. Shi ya tsegunta mini cewa malamin wasanninsu ya ajiye aiki, kuma aikin da ɗaki yake zuwa, a bayan ajujuwa, har da banɗaki. Na saka kayan Sallah na je ofishinta. Na ce mata baffana ɗan wasan ƙasa da ƙasa ne, ƙungiyoyi goma sha huɗu suka yi ta rububinsa a nahiya uku. Wane wasa ne, ba ta tambaya ba, ni ma ban ga dalilin cika ta da surutu ba. Ta tambayi inda yake zaune. Na ce Fagge, minti goma a adaidaita, ko a ƙafa ma ba zai taɓa makara ba. Ta rubuta wannan a takarda, har ta ja layi a ƙarƙashi.

Ta ce ranar Asabar suna da wasan sada zumunta na ƙwallon ƙafa da wata makaranta, ya zo ya jagoranci yara, iyaye za su zo, a nan za ta ga aikinsa. Na tambayi Baffa ko ya san ƙwallon ƙafa. Ya ce wasa ai duk ɗaya ne, raga biyu, abu ɗaya ake bi.

Abin da ban sani ba, a hokinsu ɗan wasa ba ya wuce minti ɗaya a fili. Ya yi gudu kamar ana binsa da wuƙa, ya fito, wani ya faɗa, ba a tsayar da wasa, ba a neman izinin kowa, bayan ɗan lokaci ya sake komawa. Da wannan tunanin Baffa ya isa filin makarantar. Ya ce duk yaron da ke da takalmi ya zo. Talatin da uku suka zo, har da wani ɗan lukuti, ɗan wani babban mai sayar da firiji a kasuwar Sabon Gari, wanda shekara uku ruwa kawai yake ɗaukar wa 'yan wasa.

Aka hura usur. Minti ɗaya daidai Baffa ya buga kwanon silba da cokali, yara biyar suka arce daga fili, wasu biyar suka afka. Alƙalin wasa, wani siririn malamin lissafi, ya tsayar da wasa ya yi bayanin cewa ba haka ake canji ba, wanda ya fita ya fita ke nan. Baffa ya gyaɗa kai cikin ladabi, ya ce ya gane. Bayan minti ɗaya ya sake buga kwano. Kafin a tafi hutun rabin lokaci alƙali ya ɗaga katin gargaɗi har hannunsa ya gaji, ya ƙirga 'yan wasanmu sau uku ya samu sha huɗu, sha tara, sannan takwas. Akwai lokacin da yara suka yi karo da juna a bakin layi, masu fita da masu shiga, suka zube kamar tumatir daga kwando. Daga ƙarshe alƙalin ya mayar da katunansa aljihu, ya ce tunda na zumunci ne, Allah ya raba lafiya.

Saura minti uku a tashi, an zura mana huɗu, sai Baffa ya yafito mai tsaron gida ya fito da shi, ya tura ƙarin ɗan gaba. Wai haka ake yi idan ana bin ka ci. Ragarmu ta tsaya wayam kamar shago ranar Juma'a. Suka ƙara uku, ɗaya ma daga tsakiyar fili yaron ya mirgino ta yana dariya. Ni dai na ja hulata na rufe fuska, abokina kuwa ya koma can nesa kamar bai taɓa sanina ba. Na riga na yi bankwana da ɗakina.

Sai ga iyaye sun yi wa Madam zobe. Na ɗauka korar Baffa suke nema. Ashe mai firijin nan ne a gaba, idonsa ya yi ja, yana nuna wa kowa bidiyon ɗansa yana harbin ƙwallo. Ƙwallon ma waje ta fita, ta faɗa kan mai rake, amma ba wanda ya damu. Yara talatin da uku duk sun buga, iyaye talatin da uku duk sun ɗauki hoto. Wata mata ta ce kuɗin wasanni take biya tun daga aji ɗaya, yau ta fara ganin rigar ɗanta da datti.

Madam ta ɗauke shi aiki a take, na shekara uku. Na matsa kusa, cikin ladabi na ce, "Madam, yaushe zai tare a ɗakin?"

"Wane ɗaki? Ai kai ka ce mini minti goma ne daga gidanku. Na ba sabon malamin kimiyya da ya zo daga Kaduna, shi ba shi da kowa a Kano."

Bayan sati ɗaya aka bugo wa Baffa waya daga Foland. Tsohuwar ƙungiyarsa ce take neman mai kula da kayan 'yan wasa, da masauki da tikitin jirgi. Ina tsaye a tsakar gida na ji yana ba su haƙuri. Da ya ajiye wayar ya ce wa Abba da a ce wancan satin suka kira, da tuni ya kama hanya, don dama zaman ya fara isarsa. Amma tunda yake, ba a taɓa ba shi takardar shekara uku ba, kuma duk albarkacin yaron nan ne. Ya dafa kaina da hannunsa mai nauyin turmi, ya sa mini albarka a gaban kowa. Abba ya ce kai, ashe yaron ya fara hankali. Umma ta shige kicin, ina jiyo dariyarta har da tari.

Washegari da hantsi kafinta ya zo da tef. Baffa ya ce gadon ɗakin ya yi masa gajarta, a yi masa sabo, na katako mai ƙwari wanda zai daɗe. Ni aka sa na riƙe bakin tef ɗin.