Kwanon Shinkafa a Kan Dutsen Yaya Rakiya

Yau shekara bakwai ke nan da rasuwar yayata Rakiya, kuma har yanzu in na ɗora shinkafa ita ce ke fara faɗo mini a rai.

Binciken noman shinkafa ne ya kai ta wani ƙauye a Japan. Da ta dawo ta ba mu labarin wani tsohon dutse da ke tsaye a bakin gonakinsu, ba a ma san wanda ya kafa shi ba. Tsofaffin mata kan dunƙula shinkafa su ajiye a gindinsa, wai akwai wani abu zaune a cikinsa, duk wanda ya ciyar da shi hankalinsa zai kwanta. Muka yi dariya, muka ce Allah ya shirye su.

Ita tana unguwar Moss Side, ni ina Aston a wani gari daban, duk a nan ƙasar Turawa. Lokacin ne gwamnati ta tsuke bakin aljihu, ana ta rufe wuraren taimakon jama'a. Wata Asabar na kai mata ziyara, sai na tarar da dutse a bakin ƙofarta, da kwanon shinkafa a rufe a kansa. Ni kuwa akwai saurin fushi. Na juye kwanon a bola, na shiga ina faɗa: "Yaya, shirka kika kwaso mana daga Japan?"

Ko murya ba ta ɗaga ba. "Ƙanena, dutse yana cin abinci ne? Can ma na tsaya na ga mai ɗauka, wani tsoho ne da ba shi da kowa. Council, wato ƙaramar hukuma, sun rufe centre ɗin taimakon jama'a na unguwar nan, kuma ba kowa ke iya tsayawa layin karɓar abinci kyauta a food bank ba. Leƙa taga."

Na leƙa. Wata Baturiya ce ke turo keken jariri. Ta rage tafiya, ta dubi dutsen, ta wuce kamar ba shi ya kawo ta ba. Kunya ta rufe ni, amma girman kai ya hana ni cewa ta yafe mini. Na bar shi sai wani zuwan. Bayan wata huɗu ciwo ya kwantar da ita, ba ta tashi ba.

Da za ta ga yadda layin abinci ya ƙara tsawo a yau, na san ba dogon surutu za ta yi ba, tukunya za ta sauya babba.

Dutsen yana ƙofata yanzu. Wasu 'yan uwa suna yi mini irin kallon da na yi mata, ban kuma ga laifinsu ba. Duk Asabar kwano biyu nake ajiyewa, ɗaya nata, ɗaya a madadin wanda na zubar. Allah ya jiƙanki, Yaya.