Ƙwai Ukun Sambo

Duk wanda ya hau kabu-kabu a Anka a shekarun nan ya san Sambo, dogon Bafulatanin nan mai jan babur, wanda idan ya ga shanu na tsallaka titi sai ya kashe inji ya tsaya kallo, fasinja na baya yana ta kumfar baki. A wata ruga ya tashi, gabas da Bukkuyum. Yana yaro kawunsa ya ɗaura masa habbanaye, wato aron saniyar da Fulani ke yi wa juna: ka riƙe ta har ta haifa maka 'yan maruƙa uku, 'ya'yan naka ne, uwar kuma ka mayar wa mai ita. Mahaifinsa, Baffa Malami, ya sha gaya masa cewa ranar da shi ma wani ya zo ya roƙe shi aro, ranar ya cika makiyayi. Ranar ba ta zo ba. A 2013 ɓarayin shanu suka kora garken gaba ɗaya, Sambo ya kwaso Innarsa suka dawo gari, ya koma neman abinci a kan babur.

Inda yake jiran fasinja, gindin wata bishiyar bedi ne kusa da shagon Nafi'u mai gyaran waya. Wannan Nafi'un, gajere mai surutun tsiya, shi ya jawo masa jarabar. Wata rana Sambo ya kai wayarsa a gyara mata lasifika, ta dawo da wani gem a ciki.

"Wanga fa mi ne ne?" in ji Sambo.

"Dodanni ne. Ka kama su cikin ciyawa, ka yi kiwonsu, ka haɗa su faɗa da na wasu. Kai da ba ka da aiki sai kallon shanun mutane, ga naka nan."

Sambo ya yi tsaki, ya ce wasan yara. Bayan sati biyu sai ga shi fasinja na kwaɗa masa kira yana cewa a dakata masa, bisarsa na tsakiyar faɗa. Bisashe yake ce musu, wato dabbobin kiwo, bai taɓa yarda ya kira su dodanni ba. Turancin da ke ciki bai dame shi ba, lambobi yake bi: ga na ƙarfin duka, ga na taurin fata, ga na gudu, ga na yawan jini. Amma abin da ya gama da shi, ranar da Nafi'u ya nuna masa wani gida a cikin gem ɗin, inda wani tsoho ke karɓar mace da namiji, in ka zagaya ka dawo ya miƙo maka ƙwai. Kuma abin da zai fito daga ƙwan, jikin uwa yake ɗaukowa, ƙarfi kuwa ya tsinto wani wajen uwa, wani wajen uba.

"Tsaya, tsaya! Kana nufin suna gado?"

"Ƙwarai kuwa."

"La'ilaha illallahu! Shi ne tun tuni ba ka hwaɗa min ba?"

Daga ranar Sambo ya zama abin kallo. Ya gane cewa biyu 'yan gida ɗaya, girma ɗaya, sai ka ga ɗaya ta fi ɗaya gudu, don da shi aka haife ta. Ya gane kowace da halinta, kuma halin yana ƙara wani abu ya rage wani. Ya kuma gane cewa duk wadda ke cin wasu da faɗa a Anka, Bukkuyum da Gummi, ba ta kai ƙafar Walƙiya ba.

Walƙiya ta Tanko ce, wani mai sayar da bandar kifi a kasuwar Gummi. Shuɗiya ce mai ƙaho biyu, kuma kafin taka ta ɗaga kai ta riga ta buge ta. 'Yan gem na garuruwan uku sukan haɗu a rumfar Tanko washegarin Babbar Sallah, su haɗa wayoyi ta bulutut a gwabza, kuma shekara biyu a jere ba wanda ya taɓa ko lakutar Walƙiya. An roƙe shi musaya har an gaji. Sambo kuwa da ya kai wani fasinja Gummi, sai ya faka babur, ya yi sallama, ya tsuguna kamar mai gaida surukai.

"Malam Tanko, ba musaya niz zo ba. Habbanaye nika roƙo. Ka ɗaura min Walƙiya, in samu ƙwai uku, in maido maka abarka washegarin Sallah."

Tanko ya yi dariya har da riƙe ciki. "Ardo, saniya ka ɗauke ta? To in ka kwashi ƙwai ɗari, wa zai gani?"

"Uku aka ce, uku ne."

Wataƙila yadda ya faɗa ne, wataƙila Tanko na son ya ga ƙarshen haukan. Ya dai goge hannunsa mai ƙarnin kifi a riga, suka haɗa wayoyi, Walƙiya ta tsallako. Tanko ya ce sharaɗinsa ɗaya: washegarin Sallah, da ɗaya daga cikin ukun nan Sambo zai kara da shi, a gaban kowa. Sambo ya dawo Anka yana waƙa a kan babur, har ya wuce wani da ke tsayar da shi bai gani ba.

Nafi'u da ya ji sharaɗin sai ya dafe kai. "Uku? Kai Sambo, mutane ƙwai tuli suke fasawa, su zaɓi guda su saki sauran! Wa ya taɓa samun gwani cikin uku?"

Sambo bai kula shi ba. Ya haɗa Walƙiya da wani namijinsa mai taurin kai da ya daɗe yana ji da shi, ya shiga zagaye a cikin gem, don sai an yi ta tafiya ƙwai ke fashewa. Na farko ya fashe: namiji, lambobinsa duk a ƙasa, abin tausayi. Na biyu ta fito da gudun uwarta, Sambo ya daka tsalle har hularsa ta faɗi, sai Nafi'u ya duba halinta ya ce irin halin nan ne mai rage gudu. Murna ta koma ciki. Na uku a gaban shagon ya fashe, mutum biyar sun sa kai a kan waya ɗaya. Mace ce. Aka buɗe lambobi, gudu ba shi, ko na kunkuru.

"Shi ke nan, an gama da kai," in ji Nafi'u. "Je ka ɗauko uwar."

Sambo ya tura ɗan mutuminsa na cikin gem zuwa gidan tsohon. Yana isa sai ga tsohon a tsaye a bakin shinge, riƙe da ƙwai na huɗu, yana tambaya: kana so, ko ba ka so?

Wayyo! Shagon ya kaure. Nafi'u ya cafke hannun Sambo. "Karɓi! Don Allah karɓi! Wallahi wannan ne mai gudun, jikina ya ba ni. Tanko yana Gummi, ina zai sani?" Shi kansa Sambo yawunsa ya tsinke, babban yatsansa ya yi ta shawagi a kan gilashin. Ransa na so, ba ƙarya. Sai ya danna a'a, ya karɓi Walƙiya ya fito. Nafi'u ya ce shi dai bai taɓa ganin asara irin wannan ba, ya shige shago ya ƙi yi masa magana har la'asar.

Da Sambo ya zauna ya sake duba 'yar ta ukun a natse, sai ya ga abin da hayaniya ta hana su gani. Gudu kam babu, amma taurin fata da yawan jini sun kai inda bai taɓa gani ba, duk na uban ta kwaso. Har da wata dabarar uban ta gada: ta tsaya a buge ta, in ba ta faɗi ba ta rama ninki biyu. Ya raɗa mata suna Gudale, sunan farar saniyar nan ta ƙasar Sakkwato mai guntun ƙaho da faɗin ƙirji.

Sai kiwo. A gem ɗin, abin da bisa ta kayar shi ke gina ta: ta kayar da mai gudu ta ƙara gudu, ta kayar da mai ɓawo ta ƙara tauri, kuma akwai iyakar da in ta kai ba ta ƙara ɗaukar komai. Don haka Sambo bai bar Gudale ta ɓata cikinta da tarkace ba. Ya samo wani kogo mai dodanni masu ɓawo, ya samo wata fadama mai manyan masu jini, tsakanin nan biyu kawai yake kai ta. In wani abu dabam ya faɗo musu, sai ya ja ta su gudu. Nafi'u, da fushinsa ya huce, ya ce a ɗura mata alewar nan ta cikin gem mai sa girma nan take. Sambo ya ce wannan kiwon turke ne, ƙiba ce ba ƙarfi, shi ba ragon layya yake haɗawa ba. Inna ma ta saba, in ta ajiye masa fura takan tambaya, "Yau 'yar taka ta ci?"

Washegarin Sallah rumfar Tanko ta cika, 'yan Bukkuyum a kan benci, 'yan Anka a tsaye, ƙamshin soyayyen nama ya danne na kifi. Kafin komai Sambo ya tsuguna ya miƙa waya.

"Malam Tanko, ga amanarka. Na samu ukuna, na gode, Allah shi ƙara yawan garke."

Tanko ya duba Walƙiya, lafiya lau. Nafi'u kuwa bakinsa bai iya riƙe magana, nan take ya fesa wa jama'a labarin ƙwai na huɗu, yana nuna Sambo yana cewa ku ga mutumin da ya mayar da arziki. Aka yi ta dariya. Tanko bai yi ba, ya dai kalli Sambo ya ce, "To Ardo, uwa da ɗiya ke nan. Bismilla."

Aka haɗa. Kamar kullum Walƙiya ce ta fara, ta kawo dukan nan nata da ba a tashi. Layin jinin Gudale ya zube daga kore zuwa rawaya, daga rawaya zuwa ja, yana ta tafiya, Nafi'u ya rufe ido yana salati. Sai layin ya tsaya. Saura ɗan siriri kamar zaren ɗinki, amma ya tsaya, Gudale na nan a kan ƙafafunta!

"Ba ta hwaɗi ba! Wallahi ba ta hwaɗi ba!" in ji wani ɗan Anka.

Ta rama. Duka ɗaya, jinin Walƙiya ya ƙare tas. Rumfa ta ɗauki ihu, wani ya ture tiren kifi, Nafi'u ya rungume Sambo yana rantsuwa cewa shi dama tun farko ya san haka za a yi. Sambo dai dariya yake, ya kasa ko ajiye wayar.

Da ƙura ta lafa Tanko ya zagayo daga bayan tebur. Ƙaton mutum, mai jikoki, ya tattare babbar rigarsa ta Sallah ya tsuguna a gaban ɗan kabu-kabu, ya miƙo waya da hannu biyu.

"Malam Sambo, ni ma habbanaye nika roƙo. Ka ɗaura min. Uku, in maido."

Dariyar Sambo ta ɗauke. Ya tuna Baffa Malami, wanda ya rasu bai ga ko ɗan maraƙi ya dawo ba. Nafi'u ya raɗa masa cewa ya ba da ta biyun, ai ita ma jinin Walƙiya ce. Sambo ya girgiza kai, don a rugarsu ba a ɗaura wa mutum saura. Ya goge ido da bakin rawaninsa, ya zaɓi Gudale, ya tura.

"Ka kai ta fadama da sahe," ya ce da Tanko. "Ba ta son a gaggauta ta."