Mijin Juwairiyya da Fayil ɗin da Na Share

Inna lillahi wa inna ilaihi raji'un. Ranar Talata, tara ga watan Rajab, bayan la'asar aka bugo mini daga Rano cewa Allah Ya karɓi ran mijin 'yata Juwairiyya, bayan jinyar ciwon ƙoda. Na ajiye wayar na ci gaba da tsintar shinkafar da ke gabana, don ban san yadda suruka take kuka a gaban mutane ba.

Baban Mahdi, tun da ka auri yarinyar nan ban taɓa kallonka ido da ido ba, ban kuma taɓa ambatar sunanka ba. In ka zo Kibiya gaisuwa, kana durƙushe a bakin ƙofa, ina ciki na ja mayafi. Haka muka taso.

A zaman makoki malaman makarantun garuruwan Saji da Zinyau suna ta faɗin yadda ka koya musu buga jarrabawa a kwamfuta da hannunsu. Ni abin da zan shaida shi ne na kwamfutar Islamiyyarmu.

Wani bawan Allah ne ya ba mu ita, ta hannu, aka sa mana manhajar tura sunayen ɗalibai zuwa musabaƙar Alƙur'ani. Da na leƙa ciki na ga fayiloli masu sunaye barkatai, sai zuciyata ta ƙi kwanciya. Na ɗauka kayan mai ita na farko ne, kuma kwamfuta ya ba mu, bai ce ya ba mu su ba. Na share abin da ban gane ba. Washegari manhajar ta ƙi hawa intanet, sai dai ta fito da saƙo cewa wani fayil mai dll a ƙarshen sunansa ya ɓace. Alhamis za a rufe karɓar sunaye. Ga Huseina, ɗalibarmu marainiya 'yar ƙauyen Nariya, ta haddace izu ashirin saboda wannan musabaƙa, kullum tana tambayata ko sunanta ya tafi.

Na kasa kiranka. Juwairiyya na faɗa wa, ita ma a kaikaice. Ka hau babur ka zo da ƙafafu a kumbure, ban sani ba sai daga baya. Ka zauna a zaure, ita ke kai da kawowa tsakaninmu.

Ta shigo tana danne dariya. "Umma, wai fayil ɗin kamar turmin gidan yawa ne, duk manhajar da za ta yi magana da waje da shi take aiki. Wai kin ga turmi a tsakar gida ba suna, kin fitar da shi neman mai shi."

Na ce a tambaye ka ko ba a samo wani a intanet. Ta dawo ta ce, "Wai na tsintuwa yakan zo da cuta, gara a koma tushe." Ka sake sa manhajar daga inda ta fito, kafin magariba sunayen suka tafi. Na aika maka da fura, na ce ta ce maka Allah Ya yi albarka. Ita ta faɗa, ni ina ɗaki ina jin ka.

Da na je dubiya asibiti, a bayan labule na tsaya. Na ji ka ce, "Yarinyar Umma ta samu shiga kuwa?" Ta shiga, har ta zo ta biyu. Amsar tana bakina, na bar Juwairiyya ta ba ka. Yau wannan kawaicin ne nake jin kunyarsa, har na kasa ɗaga ido in dubi Mahdi.

Allah Ya jiƙanka, Ya sa jinyar ta zama kaffara, Ya haskaka makwancinka, Ya ba ka lada a kowane harafin da Huseina ta karanta. Ina miƙa ta'aziyya ga mahaifinka Malam Habu, da mahaifiyarka Hajiya Zubaida, da sauran dangi na Rano. Juwairiyya, Allah Ya ba ki haƙuri, Ya raya Mahdi bisa Alƙur'ani.

Wannan karon ba zan aiki kowa ba. Mika'ilu, ta shiga. Na gode.