Minti Biyun Amurkawa

"Saura minti biyu a tafi hutu, Kawu," na ce, idona na kan talabijin.

Kawuna ne da ya zo daga Kano, yana tsaye kan darduma a falonmu na unguwar Bronx a Amurka, yana jira mu yi Isha'i. Ni kuwa fainal ɗin ƙwallon Amurka nake kallo.

'Yan wasan su danne juna, a tsayar da agogon wasa, a sa talla. Har rabin awa ta wuce, alwalar Kawu ta karye.

Ya sabunto ta, ya dawo yana yarfe hannu. "Wai shekara nawa suna fainal ɗin nan?"

"Kusan sittin."

"Shi ya sa. Na farkon ne har yau ba su gama ba."

Ya tayar da sallarsa ya bar ni.

Jama'a, ni kaɗai minti biyun nan suka taɓa raba da jam'i?