Tsagen da gwaggona ta sa aka yi mini

A Unguwar Shanu ta Kaduna aka haife ni. Babana ya zo daga wajen Maradi da ƙafa, shekarar da fari ya cinye musu dabbobi, ya kama ga-ruwa. Ni ban taɓa taka Nijar ba.

Ranar sunana, gwaggona ta kira wanzami ya yi mini tsagen Gobirawa, daga gefen baki har kunne. Ta ce ko na ɓata a duniya dangi za su gane ni. Na tsufa ba wani dangi da ya gane ni. Masu duba takardu a hanya ne kawai ba sa kuskure. Mota cike da mutane, ni za a ce in sauko. In an zo ƙidayar baƙin haure a unguwa, shagona ake fara nunawa.

Duk wannan na saba. Abin da ya dame ni na 'yata ne, autata. Ta ci jarrabawar makarantar koyon jinya, aka ce sai ta kai takardar shaidar asali kafin a rufe ɗauka. Na sa babbar rigata na raka ta ofis.

Ma'aikacin yaro ne. Na san ubansa, ina da aure ya zo Kaduna daga Katsina.

Ya ce, "Baba, daga ina?"

Na ce, "Unguwar Shanu."

"A'a, asali nake nufi."

Na ce, "Ɗana, ban da Gwarawa wa aka tarar a garin nan? Kowa zuwa ya yi. Naku jirgin ƙasa ya kawo su, namu ƙafa."

Bai ko ji ba, kumatuna yake kallo. Ya ce mu dawo. Muka dawo, ya ce mu sake dawowa.

Ana saura kwanaki a rufe, ina alwala 'yar tawa ta tsuguna kusa da ni, kanta a ƙasa. Ta ce, "Baba, don Allah gobe ka zauna. Kawu zai kai ni."

Ƙanen uwarta ke nan, fuskarsa sumul. Su ma zuwa suka yi, amma ba a rubuce yake a jikinsu ba. Kafin azahar suka dawo da takarda.

Ranar da za ta tafi na ɗauko mata akwati har tashar Kawo. Ta ce in biyo ta in ga makarantar. Na ce kawunta ya je.